Tsuntsunka Ya Cije Ka? Ga Abin Yi Gobe Da Safe

Ka sayo ɗan tsuntsu kore shar, ka saya masa keji, har ka raɗa masa suna. Ranar kwana uku ka zura hannu don ku gaisa, sai ya damƙi fatar da ke tsakanin babban yatsa da manuni, ya ƙi saki. Ga ka nan kana cewa an sayar maka da mugun tsuntsu, kana shirin mayar wa mai shi. Dakata tukuna, ƙanena. Ni ma an cije ni a daidai wurin nan, ba sau ɗaya ba, ba sau biyu ba, kuma da na zauna na yi lissafi, kusan kowane cizo ni na janyo wa kaina.

Tsuntsaye biyu nake nufi. Na farko shi ne ƙaramin akun nan na Ostareliya da Turawa ke kira baji, mai zane-zane baƙi a ƙeya da fukafukai, wanda nauyinsa bai wuce giram 30 zuwa 40 ba. Wani Bature masanin tsuntsaye, John Gould, shi ya kai shi Ingila a 1840, daga nan ya bazu cikin gidajen duniya har ya iso kasuwanninmu. Ta biyu tsirya ce, tamu ta gida, mai doguwar wutsiya, wadda ke yawo garke-garke tun daga Senegal har Sudan tana yi wa manoman dawa ɓarna. Tsirya ta ninka baji nauyi wajen sau uku, cizonta kan fitar da jini. Na baji kuwa yawanci mintsini ne mai zafi. Amma abin da ke sa su cizo ɗaya ne, maganinsa ma ɗaya ne.

1. Ka ɗauki bakinsa a matsayin hannunsa.

Tsuntsun nan ba shi da hannu irin naka. Da baki yake ɓare tsaba, da shi yake gyara gashinsa, da shi yake kama ƙarfen keji ya ja jikinsa sama. A tsinin bakin akwai jijiyoyin ji masu yawa, harshensa kuma kauri gare shi, yana jujjuya abu ya ji taushinsa da taurinsa. Saboda haka duk sabon abin da ya zo kusa da shi, baki zai fara kai masa, kamar yadda jariri ke kai komai baki. Yatsanka ma sabon abu ne.

2. Ka rarrabe iri uku na sa baki.

Akwai gwaji. Ka miƙa yatsa, ya miƙo wuya ya kama shi da baki a hankali, ya ɗan ja. Wannan so yake ya san ko reshen da ka ba shi zai ɗauke shi kafin ya ɗora ƙafa. A nan ne yawancin mutane ke ɓata lamarin. Sun ga baki ya nufo su, sai su janye hannu. Tsuntsu ya koyi cewa wannan reshen ba shi da tabbas, gobe sai ya kama shi da ƙarfi don kada ya gudu.

Akwai tsifa. Yana bin gashin hannunka, ko gemunka, ko gefen farcenka, yana ɗan tsattsaga da sauri ba zafi. Haka suke yi wa juna a kai da wuya, wuraren da bakin tsuntsu ba ya kaiwa a jikinsa. Idan ya yi maka haka ya saka ka cikin dangi ke nan. Ka bar shi. In ya ɗan wuce gona da iri, ka matsar da shi ko ka ba shi wani abin gaigaya.

Sai cizo na gaske: sara ɗaya mai sauri, ko kuma ya kama ya murɗa ya riƙe. Shi kaɗai ne matsala, kuma shi ne za mu bi ta kansa.

3. Ka koyi gargaɗin da ke zuwa kafin cizo.

Tsuntsu ba ya fara da cizo. Sai ya yi magana an ƙi ji. Ga maganar tasa: ya ja jiki baya, ya matsa zuwa ƙarshen sanda, gashinsa ya kwanta ya lafe ya koma siriri, ya buɗe baki yana fuskantar hannunka, ko ya yi wani ƙara mai kaushi, cat-cat-cat, wanda bai yi kama da surutunsa na jin daɗi ba. Tsirya takan ƙara da baza wutsiya da sunkuyar da kai.

Ka kuma duba idonsa. Baƙin tsakiyar idon yakan tsuke ya buɗe, ya tsuke ya buɗe, da sauri. Alamar jininsa ya hau ce, ko don murna ko don fushi. In ka ga haka tare da buɗe baki, janye hannunka a hankali, ka dawo an jima. A ƙaramin baji wanda bai kai wata huɗu ba idon duk baƙi ne wuluk, ba za ka ga wannan ba, sai ka dogara da yanayin jikinsa.

Duk lokacin da ya ce a'a ka ji, ka rage cizo ɗaya. Duk lokacin da ya ce a'a ka matsa, ka koya masa cewa gargaɗi ɓata lokaci ne, gara ya tafi kai tsaye ga abin da ke aiki. Tsuntsun da ake cewa yana cizo ba dalili, yawanci haka aka mayar da shi.

4. Idan ya riga ya kama, kada ka fizge, kada ka yi ihu.

Na san da wuya. Amma fizga na yaga fata, kuma tsuntsu mai giram 35 in ka wurgar da shi ya bugi bango, kana iya karya masa ƙafa ko wuya. Ka cije, ka tsayar da hannu, ka ɗan tura shi wajen tsuntsun maimakon ja baya. Yawanci sai ya saki don ya gyara tsayuwa.

Da ya saki, ka ajiye shi a kan sanda ko saman keji, ka juya masa baya na ɗan lokaci, kamar rabin minti, ba magana, ba kallo. Tsuntsun garke ne, rashin kulawa na damunsa. Sannan ka dawo kamar ba abin da ya faru. Kada ka riƙe shi a zuci har yamma, shi ya riga ya manta.

Ihun kuma, ka sani waɗannan tsuntsaye suna son hayaniya. Ka yi "wayyo!" ka yi tsalle, mutanen gida suka sheƙe da dariya, to ka ba shi wasan kwaikwayo kyauta. Gobe zai nemi a maimaita.

5. Abubuwan da ba a yi sam.

Ba a ɗalle masa baki. Ba a matse masa bakin da yatsu. Ba a watsa masa ruwa, ba a girgiza keji, ba a rufe shi cikin duhu da sunan horo, ba a hana shi abinci. Za ka ji masu cewa a yi masa yunwa zai yi laushi. Baji ɗan mitsitsi ne, jikinsa na ƙona abinci da sauri, yini ɗaya ba ci na iya kwantar da shi. Duka kuwa abu ɗaya yake koya masa: hannun mutum abin tsoro ne. Kai kuma hannun nan kake so ya hau.

Safar hannu ma ba na ba da shawararta. Tsoro take ƙara masa, kai kuma ba ka jin irin matsin da kake yi masa.

6. Yau da dare ka nemo takarda da biro.

Kwana bakwai, duk cizo ka rubuta abu huɗu: ƙarfe nawa ne, ina tsuntsun yake, wa ya ciza, me ake yi kafin nan. Ba wani dogon bayani. Kafin mako ya cika za ka ga zaren da kanka. Wani sai a cikin keji yake cizo, a waje lafiya lau. Wani sai bayan magariba. Wani sai lokacin da za a mayar da shi keji. Wani mutum ɗaya tak ya tsana a gidan, ko kuma hularsa. Nawa, da na rubuta, sai na ga duk ranar da na shafa jan lalle ne yake gudun hannuna har kwana biyu, kafin ya saba da launin.

7. In sabo ne a gidan, tsoro ne, ba mugunta ba.

Ka tuna inda ya fito: cunkoson keji a kasuwa, hannu ya shigo ya cafke shi, aka jefa shi cikin kwali, aka ɗora a babur. Tsirya kuwa sau da yawa daga daji aka kamo ta, ko aka ciro ta daga kogon bishiya. A wurinta hannun mutum tarko ne. Irin wannan sai haƙuri na watanni, wata ma ba za ta taɓa yarda a riƙe ta ba. Shi ya sa in za ka sake saye, ka nemi wanda aka ƙyanƙyashe a gida, ƙarami. A baji, ƙarami shi ne wanda zane-zanen kansa suka sauko har goshi. In goshin ya washe, ya wuce wata uku zuwa huɗu.

Ga tsarin da za ka fara gobe da safe.

Kwana uku zuwa bakwai na farko, kada ka taɓa shi. Ka sa abinci da ruwa a hankali, ka jawo kujera ka zauna kusa da kejin minti goma, kana magana ƙasa-ƙasa. Karanta masa labarai daga wayarka ma ya isa. Kada ka ƙura masa ido, domin a daji mai ƙura ido shi ne mai shirin cin ka. Ka dube shi ta gefe, kana lumshe ido.

Ranar da ka ga yana cin abinci ko gyara gashi kana zaune, ya fara sakin jiki. Sai ka ɗora hannunka a jikin keji daga waje, ka bar shi nan ba motsi.

Bayan nan ka samo zangarniyar gero, ka yanko guntu mai tsawon taƙi, ka zura ta tsakanin ƙarafa kana riƙe da ƙarshenta. Tsawon ne amfaninta: yana ci, hannunka na nesa. Kullum ka rage tsawon kaɗan, har ranar da zai ci gero a tafin hannunka. Safiya ta fi, kafin ka zuba masa abincin yini, lokacin yana da marmari. Minti biyar ya isa, sau biyu ko uku a rana. Ka tsaya tun yana so, kada ka jira sai ya gaji.

Geron nan ka mayar da shi na hannu kawai. In yana cike a kwanonsa, me zai zo nema a wurinka?

8. Hannu daga ƙasa yake zuwa, ba daga sama ba.

Shaho daga sama yake faɗowa, kuma jinin tsuntsu bai manta ba ko da a keji aka haife shi. Ka kawo yatsa daga gaba, a ƙasa, ka ɗan danna shi a cikinsa daidai saman ƙafafu, ka ce "hau". Kalma ɗaya, kullum ita. Ya hau, ka ba shi gero nan take. Yatsan ya tsaya cak kamar reshe. Hannu mai rawa shi ke gayyatar cizo.

In har yanzu gabanka na faɗuwa, fara da sanda mai kaurin yatsa, ka koya masa hawa kanta. Kullum ka matso da hannunka kusa da inda yake tsayawa, har yatsanka ya kwanta a kan sandar ya taka shi bai sani ba. Da tsirya kam da sanda nake cewa kowa ya fara. In kuma dole ka kai hannu kusa da mai cizo, ka dunƙule shi ka nuna masa bayansa, inda fata ta miƙe, ba abin da baki zai kama.

9. Kejin ɗakinsa ne, ka yi sallama.

Tsuntsu da yawa lafiya lau suke a waje, amma ka sa hannu cikin keji sai su far maka. Kai ma in wani ƙato ya cire rufin ɗakinka ya zuro hannu, ba za ka yi masa maraba ba. Buɗe ƙofar, ka ɗaura wata sanda a bakinta, ka bari ya fito da kansa, a can za ku yi hulɗa. Kafin nan ka rufe taga da ƙofa, ka kashe fanka, ka tabbata mage ba ta ɗakin. Shara da wankin keji ka yi su lokacin yana waje.

Ka duba kejin ma. Mai faɗi ya fi mai tsawo, domin a kwance suke tashi, ba a tsaye ba. Zagayayyen keji ba shi da lungun da tsuntsu zai raɓe in ya tsorata. Ka jingina shi da bango, a tsayin ƙirjinka. Kejin da aka ajiye a ƙasa a tsakar gida, yara na wucewa, kaji na leƙe, mage na zagaye, tsuntsun ciki kullum a firgice yake.

Wanda ke cizo lokacin komawa keji kuwa, ya gano cewa hawa hannu na nufin wasa ya ƙare. Ka riƙa ɗaukarsa sau da yawa ba don mayarwa ba, sannan in za ka mayar da shi ya tarar da wani abin daɗi na jiransa a ciki.

10. In da can ba ya cizo, yanzu ya fara, duba saman bakinsa.

Fatar da hancin baji yake a kanta, a namiji baligi shuɗiya ce. A mace fara-fara ce ko ruwan ƙasa, in kuma ta shiga lokacin son yin ƙwai sai ta yi duhu ta yi kaushi. A wannan lokaci macen takan zama 'yar masifa, tana tsare kwanon abinci ko wani lungu kamar gadonta. Cizon mace dama ya fi na namiji zafi, domin ita ke sassaƙe ramin sheƙa a jikin itace. Namiji kuma za ka ga yana gyaɗa kai, yana buga baki a madubi, yana amayo tsaba a kan yatsanka. Kyauta ce ta neman aure, ba ciwo ba.

Abin yi: cire akwatin sheƙa, da ƙwarya, da duk wani abu mai rami da duhu. Cire madubi in ya maƙale masa yana kai wa kowa hari a kansa. Rage ƙwai dafaffe da abinci mai maiƙo. Sauya wa sanduna wuri. Sannan shafa, a kai da wuya kawai. Shafa baya ko ƙarƙashin fiffike a wurinsu wata magana ce daban, kana tayar masa da abin da ba za ka iya biya ba, ƙarshenta a kanka zai huce. Makonni kaɗan abin yakan lafa.

11. Tsirya tana da shekarun rashin kunya.

Tsakanin wata huɗu da shekara ɗaya, tsiryar da ka raina da hannunka tana iya juya maka baya rana ɗaya: kai hari, huci, cizo. A nan ne mutane da yawa ke fid da rai, su rufe keji su daina kula ta, ita kuma ta koma ta daji gaba ɗaya. Kada ka daina. Ci gaba da zama kusa, da magana, da ba ta abu a tsinin sanda. Kada ka bar ta a kafaɗarka a wannan lokaci, fuska da kunne ba wurin gwaji ba ne. Yakan wuce cikin makonni ko 'yan watanni. Tsuntsuwa ce da kan yi shekara ashirin ko fiye a hannun mai kula, watanni uku na haƙuri ba asara ba ne.

12. Ka ba shi barcinsa.

Awa 10 zuwa 12 yake bukata, cikin duhu da shiru. A gidajenmu kuwa kejin na falo, ana kallo har sha ɗayan dare, janareta na ruri, asuba ta yi an kunna fitila. Tsuntsun da bai ƙoshi da barci ba fushi gare shi, kamar kowa. Daga yau, bayan isha'i ka kai shi ɗakin da ba kowa, ka lulluɓe kejin da zane mara nauyi, ka bar gefe ɗaya don iska. Ka cire ragowar abinci daga ƙasan keji, saboda ɓera da kyankyasai da ke zuwa da dare suna firgita shi. In cizon na bayan magariba ne, sau da yawa wannan kaɗai ya isa.

Ɗakin kuma kada ya zama wanda ake kunna maganin sauro, ko fesa fiya-fiya, ko turaren wuta. Huhun tsuntsu ba irin namu ba ne, hayaƙin da kai ba ka ji ba shi yana iya kashe shi. Haka madafa, musamman in ana amfani da kaskon nan da abinci ba ya kamawa.

13. Bakin da ba shi da aiki, kai zai yi wa aiki.

Bakin aku kamar farce yake, kullum yana tsiro, gaigaya ce ke rage shi. A daji yini suke yi suna ɓare tsaba da ɓawon itace. A keji kuwa ga kwano cike, minti goma an gama, sauran yinin fa?

Ba sai ka sayi kayan wasa masu tsada ba. Ɗanyen reshen gwaiba, ko na zogale da ganyensa, ko na bishiyar turare, wadda dama ita ce bishiyar ƙasarsu baji. Karan dawa da zai fasa ya yi ta tsattsage farin cikinsa. Guntun kaba ko tsohon faifai mara rini. Totuwar masara. Ka wanke komai, ka tabbata ba daga gonar da aka yi wa feshi ba ne, ba kuma daga bakin titi ba. Ka naɗe 'yar tsaba a cikin farar takarda ka maƙala a keji, ya sha wahala kafin ya samu. Ka rataya masa farin ƙashin kifin tekun nan da masu sayar da tsuntsaye ke kawowa, yana gyara baki yana kuma ƙara wa mace ƙarfin ƙwai. Duk mako ka sauya wani abu.

14. Gaigayar da ake yi wa dariya, amma a hana.

Zobe, agogo, 'yan kunnen uwargida, duwatsun mayafi, maɓallin riga: duk abin da ke ƙyalli zai bi. Ƙarafan ado masu araha sukan ƙunshi dalma ko tutiya, kuma guba ne gare shi. A cire su kafin a ɗauke shi. Kada a bar shi ya tsefe gashin idon da aka sa wa kwalli, domin kwallin gargajiya sau da yawa dalma ce. Kada ka ba shi abinci daga bakinka ko ka bari ya tsattsagi leɓenka, ƙwayoyin cutar da ke yawun mutum suna iya kwantar da shi.

Ka wanke hannu kafin ka taɓa shi. Yatsan da ke da gishirin gyaɗa ko maiƙon ƙosai abinci ne, in ya ɗanɗana ba laifinsa ba ne. Goro, shayi, kofi, cakulan, afokado da albasa kuwa, ko ɗanɗane kada ya yi.

15. Wani cizon ciwo ne.

Lokacin da yake sauya gashi, sababbin kan fito da tsini kamar ƙaya, da jini a gindinsu. Ka shafa su ta inda bai dace ba, zafi zai ji, ya rama. Rage taɓa shi, ka ajiye masa faranti da ruwa kaɗan ya yi wanka da hantsi. A watannin zafi, in ka ga ya buɗe baki yana haki, fukafukai a ware, kai shi inuwa, ba lokacin horo ba ne.

Amma in tsuntsu mai sanyin hali ya fara cizo kwatsam, kuma ga ɗaya daga cikin waɗannan, to maganar ta wuce horo: ya kumbura gashi yini guda, yana barci da rana, ya sauka ƙasan keji ya zauna, wutsiya na sama da ƙasa tare da numfashi, kashinsa ya sauya, ko wani farin ɓawo mai ƙananan ramuka ya fito masa a baki da ƙafafu. Na ƙarshen nan wasu ƙananan ƙwari ne ke haƙa fatar, kuma akwai maganinsu. Macen da ta zauna a ƙasa tana nishi, ciki a kumbure, ƙila ƙwai ne ya maƙale, wannan na gaggawa ne. Tsuntsu gwanin ɓoye ciwo ne, ranar da ka gani ya riga ya yi nisa. Ka kai shi wurin likitan dabbobi a ranar. In kana kusa da Zariya, Sakkwato ko Maiduguri, jami'o'insu na da asibitocin koyarwa na dabbobi. Kada ka jiƙa masa maganin kaji da ka, awon kaza ba na tsuntsu mai giram 35 ba ne.

16. Ka tara mutanen gida ka faɗa musu doka ɗaya.

Kai kana lallashi da safe, yara na tsokanarsa da tsinke da rana, aikin banza ke nan. Ba zura yatsa ta ƙarafa, ba bugun keji, ba kama shi a tafin hannu kamar ɗan tsako. Yaron da ke so ya saba da shi, a ba shi zangarniya ya riƙe, babba na tsaye. Baƙo kuma ya gaisa daga nesa. Kowa ya yi amfani da kalmar "hau" ɗin nan, kowa ya yi shiru ya juya baya in an cije shi.

17. Wurin cizon.

In fata ta fashe, wanke da sabulu da ruwa mai gudu na 'yan mintuna, ka shafa aidin, ka rufe. Tsuntsu ba ya ɗauke da ciwon haukan kare, wannan ka kwantar da hankalinka. In raunin ya yi zurfi kuma ka daɗe ba ka yi allurar tetanus ba, ko wurin ya kumbura ya yi ja yana zafi bayan kwana ɗaya ko biyu, je asibiti. Akwai kuma wani zazzaɓi da ake ɗauka daga dangin aku, yawanci ta shaƙar ƙurar busasshen kashinsu. In ka yi zazzaɓi da ciwon kai da busasshen tari mako ɗaya ko biyu bayan kawo sabon tsuntsu, ka gaya wa likita kana kiwon tsuntsu, kada a tsaya kan maleriya kawai. Yana jin magani. Kafin ka share ƙasan keji, ka ɗan yayyafa ruwa don kada ƙura ta tashi.

18. In wata guda ya wuce yana nan yana sarar hannu.

Koma matakin da ya yarda da shi na ƙarshe, ko da zangarniya ce ta bayan ƙarafa, ka ƙara mako biyu a nan. In su biyu ne a keji ɗaya, ka riƙa fitar da ɗaya zuwa wani ɗaki don horon minti biyar, ka fara da wanda ya fi ƙarfin hali, ɗayan zai kwaikwaya. Akwai kuma tsuntsun da har abada sanda zai hau, ba yatsa ba, musamman tsiryar da aka kamo da girmanta. Irin wannan ka yanka mata sanda biyu masu kyau, ɗaya a jikin keji, ɗaya a inda kake zama da yamma.